Na'urar naɗar ɗanɗano: wai girkin wa ne jabu?

Maman Ikram: Assalamu alaikum 'yan zaure. Yau dai sai na amayar da abin da ke cina. Jiya a gidan suna na ce lokaci na nan tafe da za a ƙera na'urar da za ta naɗi ɗanɗanon abinci yadda waya ke naɗar murya. Ka tsoma ta a miya ta ɗauka, ka tura wa ɗan'uwanka da ke Legas ko Jidda, ya ɗora a harshe ya ji abin da ka ji. Wallahi dangin maigidana suka yi ta dariya har da masu riƙe ciki, wata ma cewa ta yi in rage kallon finafinai. Abin ya yi mini ciwo, don ba da wasa na faɗa ba. Kakata ta rasu ta tafi da miyar kukarta. Muna da hotonta, muna da muryarta a tsohon kaset tana yi wa jikoki tatsuniya, amma miyar nan babu ita. Na bi duk yadda take yi, daddawar kalwa, busasshen kifi, ɗan man shanu in an sauke, ta ƙi fitowa. Da akwai na'urar nan da yau 'ya'yana sun san abin da ake kira miya, ba wannan girkin jabu na yanzu ba da kowace tukunya bakinta ɗaya. Ni na ce za a yi ta, kuma muna raye in sha Allahu. Mai ja ya fito.

Mai Girkin Biki: Wa alaikumus salam. Allah ya jiƙan Kaka, ya kyautata namu zuwan. Amma Maman Ikram, jabu fa kika ce? Ina tashi tun kafin kiran assalatu in hura wuta, hayaƙi ya gama cinye mini ido, in ciyar da taron ɗaurin aure kowa ya tashi yana sa albarka, sannan a zauna a kan waya a ce abin da muke dafawa jabu ne? Jabu shi ne abin da aka yi don a cuci mutum. Wa na cuta? Don Allah ki janye kalmar nan.

Maman Ikram: Haba Anti, ai ba da ke nake ba.

Mai Girkin Biki: Kowace tukunya kika ce. Tawa na ciki.

Abu Sumayya: Ni ban ga abin janyewa ba. Gaskiya ce ta faɗa. Shiga gida goma a unguwarku ka ci tuwo, miya ɗaya za ka sha. An watsar da daddawa wai tana wari, an rungumi dunƙule ana jefa biyar-biyar. In ba jabu ba me za a kira shi?

Ummu Halifa: Malam Abu Sumayya, nawa kake bayarwa na cefane? A fara daga nan. Kakanninmu kaji na yawo a tsakar gida, man shanu 'yar Fulani ce ke kawo shi har ƙofar ɗaki, kukar daga bishiyar bayan gida aka ɗebo ta aka shanya a inuwa. Kai kuma ka ajiye wa mace abin da ko rabin kilon nama ba zai saya ba, ka dawo da dare kana neman miyar kakarka. In akwai jabu a maganar nan, cefanen ne jabu.

Abu Sumayya: Hajiya ba ki san gidana ba, kar ki shiga abin da ba ki sani ba.

Ummu Halifa: Kai ma ba ka san gidaje goman da ka lissafa ba.

Injiniya: Jama'a a ɗan tsagaita, an bar maganar da aka kawo. Maman Ikram, waɗanda suka yi miki dariya ba sa bibiyar abin da ke gudana ne. Akwai wani farfesa a Jami'ar Meiji da ke Tokyo, sunansa Homei Miyashita. A 2020 ya nuna wata 'yar na'ura da ake riƙewa a hannu a ɗora bakinta a kan harshe. A bakin nata akwai sinadarai biyar a daskare: na zaƙi, na tsami, na gishiri, na ɗaci, da na biyar da Japanawa ke kira umami, wato daɗin nan da ake ji a romon nama. In ba a kunna ta ba, duka biyar ɗin harshe ke ji. In aka saki lantarki ɗan kaɗan, sai a janye wasu daga harshen a bar wasu, gwargwadon abin da ake so mutum ya ji. A ƙarshen 2021 kuma ya fito da talabijin da ake lasa. Gwangwanaye goma ne na sinadarin ɗanɗano, suna fesawa a kan wata leda mai tsabta da ke shimfiɗe a fuskar allon, ka ga hoton abincin ka lasa. Ya ce in za a yi ta don kasuwa, za ta kai yen 100,000 na kuɗin Japan. Sai kuma a 2025, masu bincike a Jami'ar Jihar Ohio ta Amurka suka wallafa aikinsu kan wata da suka sa wa suna e-Taste. Ita tana da ɓangaren da ke auna sinadaran abinci ya aika da saƙo ta intanet, a can ɗaya gefen kuma wani ɗan ƙaramin famfo ya turo ruwan ɗanɗano cikin bakin mutum. Sun gwada daga Kalifoniya zuwa Ohio. Ba a kai ga miyar kuka ba tukuna, amma hanyar ce aka kama.

Maman Ikram: Allah ya saka da alheri Injiniya! Yanzun nan zan tura musu wannan. Su zo su yi dariyar a nan.

Ɗalibar Likitanci: Yaya Injiniya, duk abin da ka lissafa haka yake, sai dai harshe kaɗai suka kama, kuma harshe ƙaramin ma'aikaci ne a harkar cin abinci. Abu biyar ɗin nan kawai yake tantancewa. Hanci kuwa yana da nau'o'in masu karɓar ƙanshi wajen 400, binciken da ya sa aka ba Linda Buck da Richard Axel kyautar Nobel a 2004. Lokacin da kake tauna, ƙanshin abincin yana bi ta bayan maƙogwaro ya hau hanci, shi ne abin da muke cewa daɗin miya. Duk wanda korona ta ɗauke wa jin ƙanshi a 2020 ya san zancen, yana jin gishiri yana jin sukari amma abinci ya zama lami. Ku gwada yau, ku toshe hanci da yatsu ku kurɓi miya. Sannan ina yauƙin kuka? Ina zafin tuwon da aka kwashe yanzu? Ina baurin goro? Ko yaji ma ba ɗanɗano ba ne, sinadarin da ke cikin barkono jijiyar da ke jin zafin wuta yake taɓawa, aikin David Julius ke nan da ya samu Nobel a 2021. Na'urar da za ta dawo da miyar Kaka sai ta haɗa duk waɗannan a lokaci guda.

Bakano: Yaji ba ɗanɗano ba ne? Ƙanwata, ki je ki faɗa wa mai tsire haka.

Mai Girkin Biki: Alhamdu lillahi. To kun ji daga bakin masu ilimi. Ashe na'urar ce jabu, ba girkinmu ba. A fesa maka sinadari a leda ka lasa, cikinka babu komai, wannan shi ne jabu na ainihi.

Injiniya: Anti, ai hoto ma ba mutum ba ne, kuma ba wanda ya ce hoton mahaifinsa jabu ne.

Mai Girkin Biki: Hoto ba a ce ka ci shi ba.

Abu Sumayya: Sinadarin da suke fesawa da wanda kuke zubawa a tukunya duk uwa ɗaya uba ɗaya. Farin magin nan wani abokina ya gaya mini har tsatsar ƙarfe yana cirewa. Abin da ke cin ƙarfe me zai yi wa hanji?

Ɗalibar Likitanci: Malam, lemon tsami ma yana cire tsatsa, kuma kana matsa shi a koko. Abin da ke cikin farin magi sunansa gulutamet. Wani masanin sinadarai a Tokyo, Kikunae Ikeda, ya ware shi a 1908 daga wani ganyen teku da suke yin romo da shi. Sinadarin nan yana cikin tumatir, yana cikin nama, yana cikin nonon uwa, kuma yana cikin daddawar da kake karewa. Ruɓawar da kalwa ke yi ita ke sakin sa. Kakanninmu sun gano shi da hannunsu tun ba a ba shi suna ba.

Abu Sumayya: Yanzu daddawar ma so kike ki ce magi ce? Allah ya kyauta karatun zamani.

Baba Alhaji: Yara ku saurara. Ni a gidan masu daddawa na tashi, mahaifiyata ita ke yi wa rabin garinmu. Kalwa za a dafa ta yini guda cur har ɓawon ya yi laushi, a zuba a turmi a surfa da toka, a kai rafi a wanke har sai fara ta fito. A sake dafawa da 'yar kanwa, a tsane, a juye a kwando tun da zafinta, a rufe da ganye da tsumma a kai lungun ɗaki. Kwana biyu zuwa uku ba mai buɗewa. Ranar da za a buɗe, tun daga zaure za ka san ta nuna. Sannan a kirɓa, a mulmula, a fyaɗa ta da tafin hannu, a shanya. Kuma ta kowace mace daban take fita, ko da kalwar buhu ɗaya aka raba musu. To 'yata Maman Ikram, daddawar da kika saya a kasuwa kin tabbata ta kalwa ce zalla? Yanzu da waken suya ake yin da yawa, saboda an sare ɗorawa an yi gawayi, kalwa ta yi tsada. A nan miyar kakarki ta ɓata. Kalmar jabu ba ki yi kuskure ba, wurin da kika ɗora ta ne ba daidai ba.

Uwar Marayu: Baba, da girmanka, amma daddawar waken suya ba jabu ba ce. Da ita nake ciyar da yara biyar, kuma duk wanda ya zo saye ina gaya masa ta waken suya ce. Ban taɓa ce wa kowa kalwa ce ba.

Baba Alhaji: Ke da kike faɗa Allah ya yi miki albarka. Da masu cakuɗawa su yi shiru nake.

Uwar Marayu: Amin Baba. Amma in aka ce jabu a bainar jama'a, mu duka ake gujewa.

Ɗan Maraɗi: Salamu alaikum. Ni ina goyon bayan a yi na'urar ga, don dalili guda. Ranar da ta fito, mu naɗi kilishin Madawa mu aje, mu naɗi wanda ake saidawa Kano mu aje, duniya ta lasa ta yi hukunci. Nan za a san inda jabu yake. Namu nama ne ake yanyanawa siriri har kana hango rana ta cikinsa, ya sha iskar Sahel ya bushe, kana a tsoma shi labu. Naku tunkuza ta fi naman yawa.

Bakano: Ikon Allah. Ana maganar miya ka kawo mana kilishi. To tunda ka taɓo, ka zo Agadasawa ka ci, in ka ƙara cewa jabu ni zan biya maka kuɗin mota har gida.

Ɗan Maraɗi: Madalla da ka ambaci unguwar da bakinka. Agadasawa su wane ne? Mutanen Agadas. Agadas tana ina? Mu munka kawo muku sana'ar. Kuma kilishin Nijar an yi mishi rajista a OAPI, hukumar rajistar haƙƙin mallaka ta wasu ƙasashen Afirka, da sunan ƙasarmu, shi da albasar Galmi. Ku ina takardarku?

Bakano: Takarda ba ta sa nama daɗi. Kuma lokacin da mutanen Agadas suka zauna a Kano babu wata ƙasa mai suna Nijar, babu Najeriya. Ɗaruruwan shekaru suna nan, Kanawa ne. A Kano sana'ar ta girma, daga Kano ake ɗaukarsa zuwa Legas da Makka.

Ɗan Maraɗi: Girma daban, asali daban.

Ummu Halifa: Ku biyun nan duk wata muhawara sai kun mayar da ita Kano da Maraɗi. Ran nan ma a kan fura haka kuka yi.

Malam Na Tudu: Ni abin da ya dame ni ba wanda ya taɓo shi. In na'urar nan ta shigo hannun matasa, ina makomar azumi? Yaro zai shige ɗaki da rana tsaka a watan Ramadan ya yi ta lasar ɗanɗanon kankana, ya fito ya ce bai ci komai ba. A mazhabarmu ta Malikiyya, mai azumi ya ɗanɗana gishirin miya ya tofar makaruhi ne, in kuma wani abu ya wuce maƙogwaro azumin ya tafi. Wannan fa ga mai girki ke nan da ke da uzuri. Ina ga wanda ya yi don jin daɗi kawai?

Abu Sumayya: An ruwaito daga Ibn Abbas cewa babu laifi mai azumi ya ɗanɗana abin da ke tukunya matuƙar bai kai maƙogwaro ba. Kar a ƙuntata abin da ke da sauƙi, Malam.

Malam Na Tudu: Ɗazu kai ne mai tsananta wa mata a kan dunƙule, yanzu kuma ka zama mai sauƙaƙawa. To amsa mini wannan. In aka naɗi ɗanɗanon giya ko na naman alade aka turo maka, alhali babu ɗigon giya a cikin sinadarin, za ka lasa?

Abu Sumayya: A'uzu billahi. Ba zan lasa ba.

Malam Na Tudu: Saboda me, tunda ba ita ba ce?

Injiniya: Malam, wannan tambaya ce ta gaske, amma ta majalisar malamai ce, ba ta zauren nan ba. Abin da zan iya faɗa ta fuskar aiki shi ne na'urorin iri biyu ne. Akwai mai zuba sinadari a baki, wannan dole wani abu ya gauraya da yawu. Akwai kuma mai taɓa harshe da lantarki zalla, irin abin da mutum ke ji in ya ɗora harshe a kan ƙaramin batir. Hukuncinsu ba lallai ya zama ɗaya ba.

Hajiya Babba: Ni duk rigimar nan ba ta gabana. Alhaji yana fama da hawan jini, likita ya hana shi gishiri, shekara ta zagayo abinci ba ya shiga. Ina zaune ina kallo zai tura cokali biyu ya ture kwanon, duk ya rame. In akwai abin da zai sa ya ji gishiri a baki ba tare da gishirin ya shiga jikinsa ba, ku kira shi jabu ko duk abin da kuka ga dama, ni ina so.

Injiniya: Hajiya, wannan kam har ya shiga kasuwa a Japan. Farfesan nan Miyashita da kamfanin Kirin sun fara da tsinkayen cin abinci masu lantarki a 2022, suka ce suna ƙara jin gishiri kusan ninki ɗaya da rabi a abincin da aka rage wa gishiri. A 2024 suka fara sayar da cokali mai aiki iri ɗaya a kan yen 19,800. Lantarkin yana tattaro ɗan gishirin da ke cikin abincin ne ya kawo shi kan harshe. Su ma matsalarsu ke nan, suna cin wajen giram 10 a rana, alhali Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kar a kai giram 5. Amma a tuntuɓi likitansa tukuna, don an hana masu na'urar bugun zuciya a ƙirji amfani da shi.

Hajiya Babba: Na gode ɗana. Allah ya yi albarka.

'Yar Zango: Gaisuwa daga Kumasi. Ku kuna ta Japan Japan, mu nan akwai wani ɗan itace ja ƙarami da Asantawa ke kira asaa, Yarbawa kuma agbayun. Ka tsotse shi ka sha lemon tsami, wallahi zaƙi za ka ji kamar an zuba sukari, har wajen awa guda. Allah ya riga ya halicci abin da ke juya harshe a dajinmu. Shi ma jabu ne?

Mai Girkin Biki: A tambayi Maman Ikram, ita ce mai raba jabu.

Maman Ikram: Anti don girman Allah ki bar maganar nan haka.

Mai Girkin Biki: Ki janye in bari.

Maman Ikram: Ba zan janye abin da na ɗanɗana da bakina ba.

Shugaban Zaure: To jama'a, dare ya yi, saƙonni sun yi yawa, bari in taƙaita abin da aka cimma don waɗanda ba su samu bi ba. Na farko, an yi ittifaƙi cewa girkin kakanninmu ya fi na yanzu nesa ba kusa ba, kuma Baba Alhaji ya tabbatar da cewa watsi da daddawar kalwa ne ya jawo, don haka kalmar da Maman Ikram ta yi amfani da ita tana nan daram. Na biyu, ɗalibarmu ta likitanci ta nuna cewa na'urar ba za ta taɓa yiwuwa ba. Na uku, Malam ya yi gargaɗi cewa tana karya azumi, sai a kiyaye. Na huɗu, maganar kilishi an gama ta, hujjar Bakano ba a iya amsa ta ba, duk wanda ya taɓa tsayawa a Agadasawa da yamma ya ga yadda ake layi ya san gaskiya. Ina roƙon iyayenmu mata su koma wa daddawa. Mai buƙatar ta kalwa zalla ya yi mini magana ta gefe, ana kawo wa gidanmu daga ƙauye.

Ɗalibar Likitanci: Shugaba, ban ce ba za ta taɓa yiwuwa ba. Cewa na yi sai an haɗa da hanci da sauran abubuwa. A gyara don Allah.

Malam Na Tudu: Ni ma tambaya na yi, ban ba da fatawa ba. Kar a jingina mini abin da ban faɗa ba.

Ummu Halifa: Ittifaƙi da wa? Maganar cefane fa, ko ita ba ta shiga taƙaitawar ba saboda maza ta taɓa?

Uwar Marayu: Shugaba, ashe kai ma daddawa kake sayarwa.

Ɗan Maraɗi: Ba a iya amsa ta ba? Na ce girma daban asali daban, wa ya amsa mini? Shugaba kai Bakano ne, kowa ya sani. A ba wani ya taƙaita.

Shugaban Zaure: Na rufe zauren sai da safe. Mai ƙorafi ya same ni ta gefe.